Ranau Maharbi da Rumbun da Ke Kiran Mutane

A zamanin da, tun ƙasar nan daji ya fi gari yawa, tun giwaye na shan ruwa a inda yau ake cin kasuwa, an yi wani maharbi ana ce masa Ranau. Mutumin Tudun Gamji ne, wani ƙauye da yanzu ko kufansa babu. Dogo ne, baƙi, marar yawan magana, da tabon ƙahon ɓauna tun daga kafaɗa har haƙarƙari. In ya shigo gari da nama, maroƙa kan tare shi tun daga bakin hanya suna cewa:

"Ranau angon dawa, ƙanen Gwamma! Mai kwana inda zaki ya tashi! Kibiyarka ba ta tambayar hanya!"

Gwamma da ake haɗa sunansa da nata yayarsa ce. Uwarsu ta rasu yana goye, ita ta karɓe shi, ta riƙa ɗura masa nonon akuya har ya yi ƙafa. Shi ya sa duk abin da ya harbo, cinyar dama tata ce, ko bayan ta yi aure a gidan wani manomi mai suna Nomau.

Wata shekara Ranau ya bi giwaye kudu, tafiya ta yi masa nisa, damina ta zo ta wuce, wata ta sake zuwa, bai waiwayo gida ba. A bayansa fara ta sauka a Tudun Gamji ta cinye amfanin gona, ruwa kuma ya ɗauke, yunwa ta shiga gari. Ran da ya dawo, ya tarar da ƙauyen wayam. Ɗakuna sun rufta, ciyawa ta fito a murhu, bayan gari kuma kaburbura ne jere, mafi yawansu ƙanana.

Wani Bafillace da ya gamu da shi a kan burtali ya ce masa waɗanda suka rage sun bi mai garinsu, tsoho Cindo, sun yi yamma, wajen wasu baƙaƙen duwatsu biyu.

"An ce sun sami abinci a can," in ji Bafillacen. "Amma ni dai shanuna ko kallon wajen ba sa yarda su yi."

Ranau ya rataya kwari da baka, ya cika burgamensa da busasshen nama da saƙar zuma, ya kira karensa Duna, suka kama hanya.

Bayan doguwar tafiya suka iso wani rafi mai ruwa iya gwiwa, duwatsun na tsaye a ƙetarensa. A wannan gefen kurciya na kuka, tsuntsaye na ta kai da komo. Da suka haye, sai kome ya ɗauke. Babu kukan tsuntsu, babu ƙuda, ko tururuwa babu a ƙasa. Itatuwa kore shar, amma ganye ɗaya ba ya motsi. Ranau ya san daji, ya san shirun da ke sauka in damisa na kusa. Wannan ba irinsa ba ne. Duna ya cusa wutsiya tsakanin ƙafafu, yana tafe yana gogar ƙafar ubangijinsa.

A cikin kwarin da ke tsakanin duwatsun ya ga gari. Babu gona ko ɗaya a kewayensa. A bakin hanya an jibge fartanyu da garmuna, tsatsa ta cinye su. Mutane kuwa ga su nan zazzaune a inuwa, sun yi ƙiba, fatarsu na sheƙi, ya san fuskokinsu ɗaya bayan ɗaya. Ya yi sallama, suka ɗago suka dube shi kamar masu duban bango, suka mai da kai ƙasa. Babu mai hira, babu mai faɗa, babu mai dariya. Sai da ya ratsa garin kaf kafin ya gane abin da ke damunsa: bai ga yaro ko ɗaya ba, bai ga mace mai ciki ba.

A tsakiyar garin akwai wani rumbu. Tsawonsa ya kai na rimi, jikinsa ja ne, sumul, babu alamar hannun magini a kai. An jingina masa dogon tsani har zuwa bakinsa na sama, a gindinsa kuma akwai wata 'yar kafa, ba ta fi shigar hannu ba.

A ƙofar wata bukka ya sami Gwamma, tana zaune da ƙwarya a cinya.

"Yaya," ya ce. "Ni ne."

Ta daɗe tana dubansa. Can leɓenta ya motsa.

"Auta," ta ce, muryarta kamar daga ƙasan rijiya. "Ka zo. Zauna, an kusa rabo."

"Ina Nomau?"

"An kira shi."

"Wa ya kira shi? Ina ya tafi?"

A daidai lokacin rana ta take tsaka. Mutanen garin suka miƙe gaba ɗaya ba tare da an buga ganga ba, kowa da ƙwaryarsa. Da suka kusa rumbun sai suka zube a kan gwiwoyi, suka riƙa rarrafe, goshi na share ƙasa, tsofaffi da majiya ƙarfi. Gero ya fara zuba daga kafar nan, fari tas, yana tururi kamar yanzu aka sauke shi daga wuta. Kowa ya tara ƙwarya, ya ce, "Mun gode, Mai Rumbu," ya ja da baya da rarrafe.

Da na ƙarshe ya ɗiba, sai wata murya ta fito daga cikin rumbun. Ba ta da ƙarfi, tana da taushi kamar ta uwa mai tashin ɗanta daga barci. Ta kira sunan wani masaƙi da Ranau ya sani tun suna yara. Mutumin ya ajiye ƙwaryarsa, ya kama tsani ya hau, ya zura ƙafafu a bakin rumbun, ya shige. Ba a ji faɗuwarsa ba. Matarsa ta ɗauki ƙwaryar da ya bari ta juye a tata, ta koma gida.

Ranau ya nemi tsoho Cindo, mai garin, wanda aka haifa da yatsu shida a kowane hannu. A cikin mutanen duka shi kaɗai idonsa ke da sauran ruwa.

"Baba, me kuka yi haka?"

"Mun rayu, ɗan nan," in ji tsohon. "Da muka iso nan muna faɗuwa a hanya. Muka tarar da shi tsaye, ya ce mu durƙusa mu ɗiba. Bai ce mu yi noma ba, bai ce mu yi yaƙi ba. Jefi-jefi yakan kira ɗaya daga cikinmu, shi ke nan."

"Kuma kuna ganin ba sa fitowa."

"Kana kudu lokacin da na binne jikokina da hannuna. Kada ka koya mini abin da ake kira mutuwa. Ga tuwo nan, ci ka huta."

Ranau ya dubi tuwon, yana ta ƙamshi. Ya ce ya gode, ya ƙoshi. Amma loma ɗaya ta faɗi daga hannun tsohon, kafin Ranau ya ankara Duna ya lashe. Washegari da tsakar rana ya ga karensa, wanda ya taɓa tsayawa gaba da gaba da kura bai ja baya ba, yana jan ciki a cikin mutane zuwa gindin rumbun. Ya yi masa fito, ya kira sunansa. Karen ko kunne bai kaɗa ba.

Daga ranar Ranau ya ɗaura niyyar ba zai bar wurin ba sai da yayarsa. Ya kafa bukka a ƙetaren rafi. Kullum da safe yakan harbo zabo ko gada, ya gasa, ya haye ya kai mata. Da farko takan kau da kai, ta ce warin hayaƙi yake yi. Sai ya zauna gabanta ya lakato zuma ya sa mata a baki, yadda ta riƙa yi masa yana jariri. Ta haɗiye. Sannu a hankali ta fara karɓar nama, ta fara barin geronta a ƙwarya. Jikinta ya fara zubewa, idonta ya fara dawowa. Wata safiya yana ba ta labarin yadda ta taɓa korar ɗan akuya da muciya ta faɗa cikin kwatami, sai ta yi dariya. Dariyar ba ta ƙare ba ta koma kuka, ta kama kiran sunan Nomau tana dukan ƙasa. Maƙwabta suka leƙo suna kallonta, don sun manta yadda ake yi. Daga nan wasu suka fara raɓowa in ya zo, yana gutsura musu abin da ya samu.

Ba a daɗe ba, wata rana bayan rabo, muryar ta ce, "Gwamma."

Gwamma ta miƙe. Ranau na gani ƙafafunta suna tafiya da ita, fuskarta kuwa na waiwayensa. Ya ratsa ta cikin masu rarrafe da gudu, ya tsaya tsakaninta da tsanin, ya ɗana kibiya. Shi kaɗai ne tsaye a filin ban da ita.

Sai rumbun ya yi magana da muryar ubansa, wanda ya rasu tun Ranau na saurayi, har da ɗan tarin da yakan yi kafin ya fara zance.

"Ranau, sauke bakan nan. Ni ba abokin gabarka ba ne. Na ciyar da mutanenka lokacin da kana yawon daji. Kana son yayarka? Na ba ka. Durƙusa sau ɗaya, ka tara hannu, ka ce ka gode. Sau ɗaya tak, ka ɗauke ta ku tafi."

Gumi ya karyo masa. Bai taɓa jin tsoron abin da ke da jini ba, amma wannan ya san kibiya ba za ta kashe shi ba. Ya dubi Gwamma, hannunta har ya kama matakin farko. Ya ce a ransa, mene ne gwiwa a ƙasa in dai za ta rayu? Ita da ta goya shi, ta hana kanta ta ba shi. Bakan ya yi masa nauyi, gwiwoyinsa suka fara lanƙwasa.

"Auta, kada ka yi!"

Gwamma ce. Maganar na fita da ƙyar.

"Haka aka ce wa Nomau. Shi ma ya ƙi ci da farko, yana haƙo mana rogon daji. Aka kira ni, aka ce ya durƙusa sau ɗaya a bar masa ni. Ya durƙusa. Bai sake miƙewa ba har ran da ya hau tsanin nan. Ban raine ka don ka yi rarrafe ba. In zan tafi, bari in tafi ina ganinka tsaye."

Ranau ya miƙe. Ya ja baka har kunne, ya saki. Kibiyar ta shige jikin rumbun ba tare da ƙara ba, yadda take shiga cikin ɓauna. Bangon ya motsa, ya kumbura ya sauka kamar mai numfashi. Daga inda kibiyar ta huda wani baƙin ruwa ya fara tsiyaya, mai ɗoyi, tare da shi kuma abubuwa suna faɗowa: duwatsun wuya, awarwaro, ƙoshiyar saƙa, gashin kai. Mutanen da ke durƙushe suka ɗago suna gani. Wata mace ta gane munduwar ƙanwarta, ta ƙwalla ƙara, ƙara ta farko da aka yi a garin tun kafa shi.

Hannun Gwamma ya saki tsanin. Ta ɗauki ƙwaryarta ta kife a ƙasa, ta taka ta har ta fashe.

Ramin kibiyar kuwa, suna kallo ya haɗe, jikin rumbun ya koma sumul. Muryar ta ce, ba tare da fushi ba, "Ku tafi. Yunwa za ta dawo mini da ku."

Ranau ya juya ga mutanen. Ba gwanin magana ba ne, abin da ya faɗa kaɗan ne.

"Ba ni da rumbu. A ƙetaren rafi akwai ƙasa, akwai wahala, wataƙila wasunmu su mutu kafin kaka. Amma wanda ya mutu a can za mu wanke shi, mu binne shi, mu yi kukansa. Mai zuwa ya ɗauki fartanya."

Waɗanda suka tashi ba su kai rabin garin ba. Suka je bakin hanya inda aka jibge kayan noma suka zaɓi fartanyun da tsatsa ta bar wa sauran baki, mata suka ɗauki turame da taɓare. Ranau ya tsaya gaban Cindo.

"Baba, taso. Ni zan goya ka."

Tsohon ya girgiza kai. "Na ga yunwa sau ɗaya, ɗan nan. Ba ni da idon sake ganinta. Je ka, Allah ya sa kai ne mai gaskiya."

Ranau ya tsuguna wurin Duna ya ɗauke shi a kafaɗa. Kafin su kai rafi karen ya zame, ya koma da jan ciki. Bai sake binsa ba.

Suka sauka a kan wani tudu a ƙetaren rafin, ana tsakiyar bazara. Ƙibar nan ta zube musu cikin ɗan lokaci, har haƙarƙari ya fito. Ranau na fita farauta tun da asuba, amma baka ɗaya ba ya ciyar da gari. Suka ci tafasa, suka ci ɗanyar kanya, suka haƙi saiwa. Fatun da ya tara ya kai wa wasu fatake da ke wucewa, suka ba shi irin gero da dawa. Gwamma ta zuba irin a tulu ta liƙe bakinsa da laka, ta riƙa kwana da shi a jikinta, don kada yunwa ta sa wani ya taɓa.

Abin da ya fi yunwar tsanani shi ne tsakar rana. Da rana ta take, sai muryar ta haye rafin. Kowa da irin wadda yake ji. Wani muryar uwarsa, wata ta mijinta da ya shiga rumbu, wata ta ɗanta da ta binne a Tudun Gamji, yana cewa, "Inna, zo, an dafa." Tare da kiran kuma ƙamshin tuwo ke zuwa. Sai ka ga mutum yana cikin sassabe ya ajiye gatari, ya nufi rafi, ana riƙe shi yana fizgewa. Haka suka rasa mutane da dama. Shi kansa Ranau, wata rana ya farga ya ga ruwa ya kai masa idon sawu, yana jin karensa na haushi a ƙetare.

Gwamma ce ta samo maganin abin. Wata rana kiran ya zo mata da muryar Nomau, yana kiranta da sunan da shi kaɗai ke kiranta da shi. Ta ji ƙafafunta za su ci amanarta. Ta rarumi taɓarya ta fara dukan turmi, ba kome a cikinsa, tana yi da dukan ƙarfinta don kada ta ji. Wata ta ɗauki taɓarya ta shigo, wata ma ta shigo, lugude ya kankama. Ƙarar ta cika tudun, ta danne muryar. Maza suka zo suka kewaye su suna tafi, can kowa ya riƙe hannun na kusa da shi, suna kiran sunayen juna da ƙarfi, wanda aka kira ya dubi mai kiransa ido da ido ya amsa. Ranar ba wanda ya haye rafi. Daga nan kullum rana ta take, sai a fito da turame.

Ruwa ya sauka, suka yi shuka. Kafin gero ya nuna sun binne mutum da yawa, sun kuma yi kukansu kamar yadda Ranau ya ce. Ran da aka gasa tumun farko, aka gutsura aka zagaya da shi, wasu suna taunawa hawaye na zuba. Shekara na kewayowa wata mace ta haihu. An ce jaririyar ta faɗo daidai tsakar rana, ta tsala kuka, mata suka tsai da taɓare don su ji, sai suka lura babu wata murya a bayan kukan. Tun daga ranar kiran bai sake hayowa tudun ba.

Da kaka ta yi kyau, Ranau ya ɗauki damin gero a ka, ya haye rafi shi kaɗai, ko Cindo da sauran za su yarda su biyo shi. Ya tarar da bukkoki a tsaye, ƙwarya a ƙofar kowace, babu mutum ko ɗaya. Rumbun yana nan, ya ƙara tsawo har yana neman kamo duwatsun, tsanin kuma ya ƙaru tare da shi. Yana juyawa zai tafi, sai ya ji muryar tsoho Cindo a bayansa, tana cewa a hankali, "Ɗan nan, ka dawo?" Bai waiwaya ba. Ya sauke damin a bakin rafi, ya haye, ya hana kowa sake zuwa wurin.

Mutane suka so naɗa shi sarki, ya ce shi maharbi ne, a ba Gwamma riƙon gari. Ita ta raba gonaki, ita ta yi shari'a har ta tsufa. Ranau ya rayu har jikokin waɗanda suka haye rafi suka yi gemu, aka binne shi a gabashin tudun da bakansa. Garin aka sa masa suna Ƙi-Kira, da baki ya saba ya koma Ƙikira.

Har yanzu a Ƙikira, in bazara ta yi tsanani kafin saukar ruwan fari, akwai ranar da mata ke fito da turame tsakar gari, su yi lugude babu ko ƙwayar hatsi a ciki, ba a kuma ɗora tukunya sai rana ta karkata. Baƙo kuma in ya sauka garin, akan gaya masa tun da wuri: in rana ta take, kada ya tsaya daga nesa yana ƙwala wa mutum kira. Ko abokinsa ne, ko ɗan cikinsa ne, ba zai amsa ba. Sai ya tako ya zo gabansa, an ga fuskarsa.